Fitilar sola mai jajayen idanu: ta rage mana ɓarnar kura, amma kada a jarraba ta da zaki

Fitila ce 'yar ƙarama, baƙar roba, da ɗan farantin sola a samanta da ƙwayayen wuta ja guda biyu a gaba. Rana na faɗuwa sai ta kama ƙiftawa da kanta, gari na wayewa ta mutu. Ƙirar Sin ce, babu ma sunan kamfani a jikin kwalin. A babbar kasuwar Garwa, a arewacin Kamaru, na same ta, a rumfar wani mai sayar da tocila da batir. Ya ce jaka biyar, wato sefa dubu biyar, kowace ɗaya, da ya ji shida zan ɗauka muka daidaita a jaka huɗu. Shanuna suna can Mayo Rai, tsakanin gandun dajin Binuwai da na Buba Njida, a hannun wani Bafulatani da muka daɗe tare, ɗan ƙanwata yana taya shi. Tun bara kura ta sa mu gaba, yau maraƙi, jibi tunkiya.

Asarar maraƙi da ciwo, amma yaron nan ne ya sa na ciro kuɗin. Da ya ji motsi cikin dare sai ya zari sanda da tocila ya fita bayan shinge shi kaɗai. Da na yi masa faɗa sai ya ce, "Kawu, ai kura matsoraciya ce. Ko zaki ne, in ka tsaya masa da sanda zai kauce." Irin maganar da samari ke yi ke nan a kasuwar shanu ta Adumri, kowa yana da labarin wani kakansa da ya shaƙe damisa. Ni kuwa maganar ta hana ni barci, don na san abin da take jawowa.

Namijin zaki na wannan yanki yana kai kilo 150 zuwa 190, wato kusan buhun masara biyu ne za su faɗo maka a ƙirji da gudu. Gudunsa na ɗan gajeren zango ya haura kilomita 60 a awa, alhali zakaran gudun duniya bai kai 45 ba. Fiƙarsa ta kai santimita 6, kuma wuya yake nema: ko ya karya shi, ko ya danne maƙogwaro har numfashi ya ƙare. Dabbar da ke kayar da ɓauna ce ake cewa a tare ta da sandar kiwo. A Tanzaniya, inda aka bi abin da lissafi, wani bincike da Craig Packer da abokan aikinsa suka fitar a 2005 ya nuna zakuna sun kashe mutum 563, sun raunata aƙalla 308, daga 1990 zuwa lokacin. Duk mutum uku da zaki ya kama, kusan biyu ba su tashi ba. Da yawansu manoma ne da ke kwana a bukkokin gona suna gadin amfani daga aladun daji, zaki ya biyo aladun ya tarar da mutum. 

Ban ce ba a taɓa yi ba. A 2005 an ba da labarin wani dattijo ɗan shekara 73 a Kenya wanda damisa ta far masa a gona, ya cusa hannu cikin bakinta ya fizgo harshenta har ta mutu. Labarin ya zaga duniya ne saboda abu ne da ba a saba gani ba. Kuma damisa ce, wadda sau da yawa ba ta kai nauyin babban mutum ba. Ita ma kurar da ake rainawa tana kai kilo 60 ko fiye, muƙamuƙinta na farfasa ƙashin cinyar sa. Gaskiya ne tana gudun mutumin da ke tsaye, amma mai barci a waje lokacin zafi, ko yaro ƙarami, fuska take kama musu. Hausawa sun ce tsoro na daji, kunya na gida. Abin da nake nema a wurin fitilar nan shi ne kada ma a kai ga haɗuwa.

Dabarar ba daga Sin ta samo asali ba. Wani yaro Bamasaye mai suna Richard Turere, da ke kiwon shanun mahaifinsa a gefen gandun dajin Nairobi, ya lura cewa in yana zagaya garke da tocila zakuna ba sa matsowa. Wutar da ke tsaye ba ta dame su ba, mai motsi ce ke sa su zaci akwai mutum a farke. Sai ya haɗa tsohon batirin mota da na'urar siginar babur da ƙwayayen tocila, ya jera su a shinge suna ƙiftawa bi da bi, bai ko kai shekara 14 ba. Wannan da na saya 'yar'uwar waccan ce mai araha, sai dai ita tana kwaikwayon idanun wata dabba ne da ke kallo daga cikin duhu.

Mun kafa su a kan turaku a kewayen garken, fuskarsu na kallon daji, bayansu na wajen shanu. Kowace fitila gabanta kawai take haskawa, don haka wanda ya sayi ɗaya ko biyu ya yi asarar kuɗinsa. Dole kowace kusurwa ta samu, da ƙari a gefen da kwari ko duhuwa take. Tsayin ma yana da muhimmanci. Mai rumfar ya ce a rataya a saman bishiya. Baffan da ke riƙe da shanun ya girgiza kai ya ce, "Alhaji, kura ba ta kallon sama. A sa daidai ƙugu." Haka muka yi.

Ta yi aiki. A watannin farko sawun kura yana zuwa nesa kaɗan da shinge ya juya, kuma ba a sake ɗaukar maraƙi daga cikin garke ba. Shanu ba su firgita da wutar ba tunda ba su take haskawa ba. Abin da ya fi faranta mini rai, yaron ya daina fita. In babu ɓarna, babu abin da zai fitar da shi. A kan wannan kaɗai jaka ashirin da huɗun nan sun biya kansu, don kuɗin bai kai rabin na maraƙi ɗaya ba.

Sai dai tana da aibi, kuma ba ƙanana ba.

Batirinta ɗan ƙarami ne irin na rediyo. Da rani, rana ta wadata, yana kaiwa asuba. Amma da hunturu ƙura takan rufe farantin, in ba a goge da tsumma ba sai wutar ta dusashe tun tsakar dare. A watan Agusta kuwa, in hadari ya wuni, wasu ba sa kai ƙarfe biyu. Wannan ya dame ni ƙwarai, domin da damina ɓarna ta fi yawa: ciyawa ta yi tsawo, namun daji sun warwatse tunda ruwa ko'ina akwai, masu farautarsu sai su bi dabbobin gida. Masu bincike a gandun dajin Waza, can arewa da mu, sun lura da haka tuntuni, zakuna sun fi barin gandun da damina. Ga shi a kwalin an rubuta ruwa ba ya shigarta, amma biyu daga cikin nawa sun sha ruwa ta wajen kusoshi, suka yi tsatsa suka mutu. Da na koma wurin mai rumfar, cewa ya yi kaya in ya fita ba ya dawowa. Sauran mun naɗe mahaɗarsu da salatif, mun canza musu batir mai caji da ya fi na asali, sun daure. Zafin Maris da Afrilu, da ke haura 40 a ma'auni, ya sa robar ta fara tsagewa.

Na biyu, kura tana da wayo. In idanun nan suka zauna wuri ɗaya mako da makonni ba su motsa ba, sai ta gane babu kowa a bayansu. Mun ga sawunta har gindin turke. Maganin shi ne a riƙa canza musu wuri da tsayi duk bayan 'yan kwanaki, wani lokaci a cire wasu gaba ɗaya a mayar daga baya. Aiki ne, kuma makiyayin da ya wuni a ƙafa ba kullum zai tuna ba.

Na uku shi ne wanda ba za a faɗa maka a kasuwa ba. Jar wuta mai ƙiftawa ana hango ta daga nesa, kuma ba kura kaɗai ke yawon dare a Mayo Rai ba. Duk wanda ke da shanu a nan ya san tashin hankalin masu satar mutane don kuɗin fansa. Akwai lokacin da aka ji ɗuriyarsu a kusa, Baffa ya kwashe fitilun ya zuba a buhu, ban ce masa komai ba. Kowa ya auna yanayin wurinsa kafin ya kafa.

Akwai kuma haƙƙin maƙwabta. Kurar da ka kora ba ta ƙoshi ba, garken gaba za ta nufa. A Kenya ma binciken da aka yi a 2018 ya nuna harin dare ya ragu sosai a garkunan da ke da wuta, amma zakunan sun karkata zuwa marasa wuta, da kuma kama dabbobi da rana wajen kiwo. Don haka in ruga ɗaya kuke, a haɗa kuɗi a saya tare.

Game da zaki, mai rumfar ya rantse mini har shi tana kora. Ni ba zan ɗora ran yarona a kan rantsuwar ɗan kasuwa ba. Fitilar taimako ce ga shinge mai kauri na ƙaya, mai tsayi, wanda dabba ba ta ganin shanu ta cikinsa, da kare mai haushi, da shigar da garke kafin magariba. Ba ta tsare saniyar da ta yi baya a daji, ba ta kuma san kada a mashaya ba. A ƙara kula a dararen da ke bin cikar wata, lokacin da wata ke jinkirin fitowa bayan isha. Wani binciken da aka yi a Tanzaniya a 2011 ya nuna a wannan duhun farkon dare aka fi kama mutane.

Duk da haka na fi son ta nesa ba kusa ba a kan guba da wasu ke zubawa a mushe. Guba tana kashe ungulu da karnuka har da zakin da bai ci maka komai ba, doka kuma ta hana. A Waza zakuna sun ragu daga 40 zuwa 60 a 2002, suka koma 14 zuwa 21 a 2008, kuma ramuwar makiyaya na cikin dalilan.

In kuwa ƙaddara ta haɗa mutum da zaki ido da ido, abin da na koya wa yaron shi ne kada ya gudu, kada ya ba shi baya, kada ya durƙusa. Ya tsaya, ya ɗaga hannuwa da sanda, ya ɗaga murya, ya riƙa ja da baya a hankali yana fuskantarsa. Sau da yawa zaki kan yo kan mutum ya tsaya a hanya. In har ya kama shi, ya kare wuyansa ya nemi ido da hanci, yana kiran jama'a. Kowane irin cizo ne, ko na kura ko na dila, a wanke da sabulu da ruwa na tsawon minti 15, a nufi asibiti a ranar don allurar haukan kare da ta sandarewar wuya, wato tetanus. Cibiyar binciken cututtuka ta Pasteur tana da reshe a nan Garwa.

Zan sake saya kafin damina, amma a wata rumfar, kuma sai na buɗe bayanta na ga batirin da zoben robar da ke hana ruwa shiga kafin in biya.