Kasparof ko Karlsen: wasan wa yaro zai fara koya?

A teburin mai shayi a Garwa, inda muke shimfiɗa allon ces, wato darar Turawa, bayan La'asar, ƙanena ya tambaye ni: "Yaya, wasannin wa zan bi, Kasparof ko Karlsen?"

Kasparof ɗan Baku ne, babban birnin Azabaijan. Ya ƙwace kambun duniya daga hannun Karpof a 1985 yana ɗan shekara 22, ya riƙe har Kramnik ya kayar da shi a 2000. Wasansa wuta ne, tun buɗewa yake kai farmaki, yana sadaukar da doki ba gargada. Har kwamfutar Deep Blue ya kara da ita, ta doke shi a 1997, abin da har yau masoyansa ba sa son a tuna musu.

Karlsen ɗan Norwai kuwa haƙuri ne makaminsa. Ya doke Anand a Indiya a 2013 ya karɓi kambun duniya, daga baya makinsa na ƙwarewa a ces ya kai 2882, sama da 2851 na Kasparof. Wasan da kowa ya ce canjaras ne, shi zai yi ta matsa har abokin karawa ya gaji ya yi kuskure.

Na ce wa ƙanena ya fara da Karlsen, domin ya koyi haƙuri, tunda a ƙarshen wasa yaron yake yawan zubar da sojojinsa na kan allo. Ya ɓata fuska, ya ce shi Kasparof yake so.