Kobla na garin kek da kayan gwangwani: wanne za ki saya, wanne za ki bari a kanta

Uwargida in kina son ɗan abin zaƙi na bayan abinci wanda ba sai kin fito da mikza da sikeli ba, toh kobla na garin kek ɗin kwali ya dace dake. Abincin Amurkawa ne, can wasu na ce masa dump cake, kuma kaya uku kacal yake ci, 'ya'yan itace na gwangwani a ƙasa, busasshen garin kek a kai, sai bota a sama, a tura oven. Babu ƙwai babu bugawa babu kwaɓi. Amma fa tunda kayan uku ne in ɗaya ya kuskure babu inda zai ɓuya, shi yasa nake ganin rabin aikin a gaban kanta ake yinsa tun kafin a shiga kicin, kuma kayan nan yawanci na waje ne, kuɗinsu ba na wasa bane balle a ce a saya a yi asara.

Ki fara gane yadda abin yake dahuwa, don daga nan ne za ki san me za ki ɗauka. Garin ba a kwaɓa shi, a bushe ake barbaɗa shi. Ruwan 'ya'yan itacen ne ke tafasa ya taso daga ƙasa, bota kuma ta narke ta sauko daga sama, su biyun su jiƙa garin har ya gasu. In ruwa yayi kaɗan za ki tarar da farin gari ɗanye a wurare, in yayi yawa kuma ƙasan ya koma kamar kunu. Kinga kenan gwangwanin da kika zaɓa shi ne uban tafiya, don haka dashi zan fara kuma a kansa zan fi daɗewa.

Na farko akwai wanda aka rubuta pie filling a jikinsa, irin na Comstock ko Lucky Leaf, gwangwanin Amurka giram 595 yake zuwa. Wannan an riga an dafa shi da sukari an kaurara ruwan da sitacin masara, akwai na ceri, na tuffa, na bulubari. Kyawunsa baya tsinkewa, in kin ɗebo da cokali yana tsayawa a faranti gwanin sha'awa, kuma kalar na cerin nan ja wur tana burge baƙi. Matsalarsa biyu. Ruwansa mai kauri ne baya tasowa ya jiƙa gari yadda ya kamata, dole ki ƙara bota ko ki haɗa shi da wani abu mai ruwa. Sannan wani in kin buɗe sai kiga romon sitacin ya fi 'ya'yan yawa, kin biya kuɗin ceri kin samu ruwan sukari mai kala, don wannan jan ma a wasu kala ce ake sakawa, za ki ga Red 40 a jerin kayan haɗi. Tire mai santimita 23 da 33 gwangwani biyu yake ci in shi kaɗai za ki saka.

Na biyu 'ya'yan itace ne zalla da aka yanka aka zuba cikin ruwa, irin su peach (ɗan itacen ƙasashen waje ne mai ƙwallo ɗaya a tsakiya) da abarba na Del Monte ko Dole, kuma gaskiya ni nan na fi karkata. Sun fi samuwa a manyan shagunanmu, yawanci sun fi sauƙin kuɗi, kuma ruwansu sakakke ne yana shiga gari da kyau. Sai dai ki tsaya ki karanta wane irin ruwa ne. Wanda aka rubuta heavy syrup ruwan sukari ne mai nauyi, shi kuma garin kek in kin duba bayan kwalin sukari ne na farko ko na biyu a jeri, in suka haɗu zaƙin har gundura yake, cokali uku mutum ya ajiye. Light syrup ya fi, wanda ke cikin ruwan 'ya'yan itace kuwa, wato in juice, shi ya fi duka a wurina. In mai nauyin kawai kika samu ba laifi, ki tsiyaye rabin ruwan ki matsa lemun tsami a kai. Babban gwangwanin peach yana kai giram 820 da 'yan kai, shi ɗaya da ƙarami ɗaya sun isa tire. Kuma gwangwanayen da suka fito daga Turai suna rubuta drained weight, nauyin 'ya'yan bayan an tsiyaye ruwa kenan, dashi za ki kwatanta biyu in kuɗinsu ya zo kusa, don girman gwangwani na iya ruɗin mutum.

Abarba kala-kala ce ita ma, akwai mai zobe, akwai gutsi-gutsi, akwai dakakkiya da ake rubuta crushed. Dakakkiyar ki nema, gwangwanin giram 567, ita ce ke shimfiɗuwa ko'ina ta bada ruwa daidai. Haɗin da Amurkawa suka fi sani ma shi ne gwangwani ɗaya na dakakkiyar abarba da ruwanta duka, gwangwani ɗaya na ceri mai kauri a kai, kinga abarba ta kawo ruwa da ɗan tsami, ceri ya kawo kauri da kala, kowa ya rufe gazawar ɗan uwansa. In mai zobe kika samu ki daddatsa ta da wuƙa, shikenan.

Fruit cocktail kam bana bada shawara. Inabi da fiya ɗin ciki (pear ta Turawa, ba avocado ba) sun riga sun yi laushi, da sun sha wuta sai su narke ɗanɗanon ya ɓace, ki barshi wa salak.

Kowanne kika ɗauka ki juya shi a hannu ki duba. Gwangwanin da ya kumbura, ko yayi tsatsa, ko ya lotse a bakin murfi ko wurin haɗi, ki mayar ko da an karya miki kuɗi ne, lafiyar iyali tafi. Ki duba kwanan wata da lambar NAFDAC in a Najeriya kike.

Wata zata ce ga mangwaro da abarba ɗanyu a kasuwa me zai kaini gwangwani? Wallahi tana da gaskiya, musamman lokacin mangwaro. Ki yanka kamar kofi 5, ki ɗora a wuta da sukari kaɗan da ruwa rabin kofi, ki dama konfulawa cokali 2 ki zuba, minti biyar ya yi kauri, kin samu naki pie filling ɗin da ya fi na kanti ƙamshi. Ki zaɓi mangwaro marar zare dai. Abin da gwangwani ya fi shi kawai shi ne sauri da kuma zama a kabad har ranar da baƙi suka faɗo ba sanarwa.

Toh sai garin kek. Sunayen da za ki fi cin karo dasu Betty Crocker, Duncan Hines da Pillsbury, dukkansu tsofaffi ne, tun ƙarshen shekarun 1940 zuwa farkon 1950 suke sayar da garin kek a Amurka. A kek na gaske mutane na musu kan wanne ya fi laushi, amma a kobla bambancin kaɗan ne ƙwarai tunda garin ba tashi zai yi ya zama soso ba, ɓawo zai yi mai ƙarmas-ƙarmas a sama da taushi a ƙasa. Don haka a nan ne za ki rage kashe kuɗi, mai araha cikinsu ya wadatar. Ki ɗauki yellow ko vanilla, suna tafiya da komai. White ya fi rashin ɗanɗano amma yana yi. Spice mai kirfa da gyaɗar ƙamshi yana kyau da tuffa ko peach, cakulan kuma da ceri kawai, kar ki haɗa shi da abarba. Angel food da garin fankek ba na wannan aikin bane.

Abin da ya kamata ki duba sosai nauyin kwalin ne. Da can kwalin Amurka kusan giram 517 ne, aka rage ya koma 432, yanzu wasu na Betty Crocker ma 375 ne, na Ingila kuma 425. Tsohon tsarin girki da aka rubuta don babban kwali in kin bishi da ƙaramin kwali mai zai yi yawa ya kwanta a sama. A tire mai 23 da 33 kwalin 425 ko 432 daidai yake, na 375 ki rage girman tire ko ki rage bota kaɗan. Kwalin da ya kusa ƙarewar lokaci shima ki barshi, bekin fodar ciki tana mutuwa kuma garin na ɗaukar warin daɗewa.

Maganar halal ma a nan take. A jerin kayan haɗi za ki iya ganin mono and diglycerides ko E471, wannan ana yinsa daga man tsirrai ana kuma yinsa daga kitsen dabba, kwalin ba kullum yake faɗa ba. In akwai tambarin halal ko an rubuta suitable for vegetarians hankali ya kwanta. E120 kuma jar kala ce da ake samu daga wani ƙwaro, ki lura da ita a jajayen kaya in kina gudunta. Garin kek na leda da ake haɗawa a gida Najeriya shima yana yi, ki tabbatar dai akwai sukari da bekin foda a ciki. In duk babu, fulawa kofi 2, sukari kofi 1, bekin foda ƙaramin cokali 2 da rabi, madarar gari cokali 3 da ɗan gishiri, ki tankaɗe tare.

Mai kuwa a nan nake so ki ɗan saki hannu. Bota ta gaske kusan kashi 80 cikin ɗari mai ce, ita ke bada wannan ƙamshin da launin ruwan zuma, kuma mai gishiri ta fi don tana karya zaƙi. Giram 170 ake so, wasu na tsayawa a 113 amma nan ne busasshen gari ke fitowa. Majarin na yin kek mai tauri yana biye mata, ƙamshin ne dai baya kaiwa. Wanda ake shafawa a burodi mai laushin nan na roba, wasu mansu kaɗan ne ruwa ya fi yawa, sama baya yin ƙarmas, ki duba kashin mai a jiki, in ya yi ƙasa da 70 ki barshi. Soyayyen man shanu yana yi in kuna son ƙamshinsa, da mangwaro ma daɗi yake, amma yana danne peach. Man gyaɗa a'a. Akwai masu zuba lemon gwangwani ɗaya irin Sprite ko 7Up a madadin bota, yana dahuwa kam amma saman laushi yake yi kamar kek kuma zaƙi ya ƙaru.

Yadda za ki saka botar ma da bambanci, ko ki narkar ki yaryaɗa, ko ki yanka ta siri-siri tana da sanyi ki jera ta rufe ko'ina har kusurwa. Na biyun ya fi rufe gari, narkakkiya tana bin hanya ɗaya ta bar wasu wurare.

Tire na gilas ko tangaran ya fi, don tsamin abarba da ceri na taɓa alminiyam in ya kwana a ciki. Wuta digiri 180, minti 40 zuwa 50, har kiga gefe na tafasa sama yayi ja, ki barshi ya huta minti 15 kafin a ɗiba. In babu oven tukunya mai kauri da murfi tana yi, garwashi kaɗan a ƙasa mai yawa a kan murfi, haka Amurkawa ma ke yinsa a tukunyar ƙarfe in sun fita kwanan daji. A irin wannan gashin ki ɗauki abarba ko peach mai ruwa, pie filling mai kauri saurin kamawa yake a gindin tukunya.

In karon farko ne, ki sayi dakakkiyar abarba gwangwani biyu, garin vanilla mafi araha da bota mai gishiri. In na taron suna ne ko baƙi kuma aljihu ya yarda, ki cire abarba ɗaya ki saka ceri a madadinta.