Daskararren jatan lande na shagunan Gombe: ya dace da cusa wa albasa?

Ban da busasshe, jatan landen da za ki gani a Gombe daskararre ne. Babu teku kusa da mu, daga kudu ake ɗauko shi cikin sanyi har ya sauka a firizar manyan kantuna da shagunan kifin ƙanƙara. Iri biyu ne a leda: ɗanye mai launin toka, da wanda aka riga aka dafa, mai ja-ja. Mun auna su ne da girki ɗaya, wato gasasshiyar albasa da ake ƙwaƙule cikinta a cika da haɗin jatan lande da kifi, a ajiye gefen shinkafa ko dankali.

Ɗanyen shi ne abin saye. Dafaffen ya fi kyau a ido, shi ya sa hannu ke fara kai masa, amma jatan lande minti 2 zuwa 3 yake buƙata a wuta. Wanda ya riga ya dahu, in ya sake yin minti 20 a oben, sai ya ƙanƙance ya yi tauri kamar roba, zaƙinsa ya tafi. A bar shi wa salak.

Babbar matsalar kayan nan hanya ce da wutar lantarki. Ya kamata ya zauna a digiri 18 ƙasa da sifili tun daga inda aka kama shi, kuma ba kowane shago ke iya riƙe hakan ba. Ledar da kanta za ta gaya miki. Ki girgiza ta: in kowane ɗaya na motsi daban, alama ce mai kyau. In sun dunƙule sun zama curi guda, ga ƙanƙara ta taru a ƙasan leda, to ya narke an sake daskarar da shi. Baƙin tabo a jiki ko a wutsiya alamar ya daɗe a waje ne kafin ya shiga sanyi. Bayan ya narke ki sansana. Ɗan ƙarni ba laifi ba ne, amma in kika ji zarni ko kika ga yauƙi, ki zubar, lemun tsami ba ya gyara shi. Shagon da ke da sola ko janareto mai aiki da rana ya fi cancantar kuɗinki, ko da ya ɗan fi tsada.

Akwai kuma batun nauyi. Ana lulluɓe shi da ƙanƙara don kada ya bushe, kuma wani lokaci da ita ake aunawa, saboda haka ba lallai ledar giram 500 ta ba ki giram 500 na tsoka ba. Abu ne da ya fi naman shanu tsada, ki sa wannan a lissafi. Kada ki biya kuɗin manya, tunda yankawa za a yi. Ƙanana ɓararru sun isa.

Ga yadda ya fi ba da sakamako. Manyan albasa 6, masu tauri, waɗanda ba su fara tsiro ba. Fara ta fi zaƙi, amma jar da ta cika kasuwanninmu ta fi riƙe jikinta a wuta. Ki ɓare, ki yanke samanta kamar faɗin yatsa, ki ɗan daidaita ƙasan don ta zauna, amma kada ki cire gindin saiwar, shi ke riƙe ta. Ki tafasa a ruwan gishiri minti 10 zuwa 12. In ta huce, ki ƙwaƙule cikin da ƙaramin cokali, ki bar ɓawo biyu ko uku na waje. In ƙasan ya huje, ki toshe da ɓallin albasar da kika ciro. Sai ki kife su su tsane.

Wannan tafasar ita ce ginshiƙin girkin. Ɗanyar albasa takan kai awa guda a oben kafin ta yi laushi, jatan lande kuwa ba ya jure haka. Mai tsallake ta dole ta samu ɗaya daga biyu: albasa mai garas-garas, ko ciki busasshe.

Jatan landen a narkar da shi a firji ya kwana, ko a tsoma ledar a ruwan sanyi na minti 20. Ban da ruwan zafi. Ki tsaga bayansa ki zare baƙin zaren nan, hanjinsa ne, yakan zo da yashi. Ki goge shi da tsumma mai tsabta har ya bushe, domin ruwan da ya rage shi ke sa cikin albasa ya caɓe. Giram 250 ya isa, a yanka kowane gida biyu ko uku.

Rabin albasar da kika ƙwaƙulo ki yanka ƙanana, ki soya da bota cokali 2, tafarnuwa 2, ɗan citta, tattasai 1 da attaruhu 1, har ruwan ya ƙone. Ki sauke ya huce, sannan ki zuba ɗanyen jatan landen, tsokar bandar tarwaɗa giram 150 da aka cire wa ƙaya, garin burodi cokali 4, ƙwai 1, masoro, lawashi da ruwan rabin lemun tsami. A yi hankali da gishiri da magi, wasu ledojin da gishirinsu suke zuwa. Ki cika albasar ba tare da dannawa ba, ki jera a tire, ki zuba romo rabin kofi a ƙasa, ki rufe da foyil. Minti 15 a digiri 190, sannan a buɗe a ƙara minti 8 zuwa 10 saman ya yi ja. In jatan landen ya yi fari ya lanƙwashe kaɗan, ya dahu. Wadda ba ta da oben ta zuba yashi a babbar tukunya, ta ɗora tiren, ta sa garwashi a kan murfi kamar yadda ake gashin kek, wutar sama ta fi ta ƙasa.

Tarwaɗar nan ba cikon wuri ba ce. Daskararren jatan lande yana da laushi da ɗan zaƙi, amma ƙamshinsa kaɗan ne, albasa na iya danne shi. Hayaƙin banda ke ɗaga shi. Kifin madatsar ruwan Dadin Kowa yana kusa, kuma bai sha doguwar hanya ba. In ba ki yarda da ledar da kika gani ba, ki ninka tarwaɗar ki ƙara garin kirafish cokali 1, za ki samu abin da ya fi na jatan landen da ya sha narkewa.

Ta fuskar addini babu damuwa, a mazhabar Malikiyya abincin ruwa halal ne. Sai dai wasu jikinsu ba ya karɓar jatan lande da kirafish, yakan jawo musu ƙaiƙayi, kumburin leɓe, wani lokaci har sarƙewar numfashi. Tunda a ɓoye yake cikin albasa, a sanar da baƙi kafin a zuba musu.