Mutanen Zariya ku yi hattara da mai tallar "kogo mai kiɗa"

Naira 180,000. Kuɗin adashina ne, kwasata ce ta zo na ɗauka, ko kwana ba su yi a hannuna yadda ya kamata ba. Naira 180,000 na tura wa mutumin nan da hannuna, a wurin mai POS a PZ, yana tsaye kusa da ni yana cewa "Hajiya, Allah ya sa miki albarka a ciki."

Wai mafarauta ne suka gano wani kogo a bayan dutsen Kufena, ta wajen Wusasa, cike da duwatsu farare masu ƙyalli kamar gilashi, idan iska ta ratsa su sai su riƙa fitar da sauti mai daɗi. Wai an ɓoye maganar don kada manya su ƙwace wurin. Hannun jari yake sayarwa, kowane kaso Naira 60,000, da an buɗe wa masu yawon buɗe ido bayan Sallah za a riƙa raba mana kuɗin shiga. Kaso uku na saya.

Kada wanda ya zo yana ce min kwaɗayi. Shekaru nake sayar da atamfa a kasuwar Sabon Gari, na san fuskar maƙaryaci. Na yi tambayoyi. Na ce a kai ni in gani, ya ce damina ce, hanyar ta lalace. Wannan ma bayan na biya ne. A'a, kafin nan ne, domin ranar ce ya kawo wata takarda mai hatimi. Kuma wata maƙwabciyata ce ta fara kawo shi shagona, ita ma kaso ɗaya ta saya. Aka kira La'asar ya ajiye wayarsa a kan teburina ya tafi masallaci, bidiyon kogon yana kunne, ina kallon mutum tsaye kamar ɗan tsako a gindin wasu manyan ginshiƙan duwatsu. Wannan wayar da ya bar min ita ta sa na yarda. Ɓarawo zai bar maka wayarsa? Kullum sai na sake tuna wannan lokacin.

Ɗan wana da ke karatun ilimin duwatsu a ABU Samaru ne ya kalli bidiyon ya ce, "Gwaggo, wannan ai Meziko ce." Kogon Naica ne a jihar Chihuahua, masu haƙar ma'adinai suka gano shi a 2000, kusan mita 300 a ƙarƙashin ƙasa. Wasu ginshiƙan sun haura mita 11, zafin ciki ya kai digiri 58, ba a iya jimawa sai da kayan sanyaya jiki na musamman. Tun da aka daina zuƙe ruwan wurin a 2015 ma ruwa ya sake cika shi. Sautin kuwa daga kogon Luray na jihar Bajiniya a Amurka aka ɗauko, inda mutum ne ya haɗa ƙananan guduma na roba suna bugun duwatsun da ke rataye. Ba iska ba ce. Ya ce Kufena dutsen girenit ne, irin waɗannan duwatsu kuma a cikin ruwan zafi mai ma'adinai suke girma tsawon dubban ɗaruruwan shekaru, ba a irin dutsenmu ba.

Da na tura wannan a zauren WhatsApp ɗin da mutumin ya buɗe mana sai aka cire ni. Lambarsa a kashe. Ashe tun kafin nan ya bar ɗakin da ya ce ofishinsa ne a Tudun Wada, mai gidan ya ce ko haya bai gama biya ba.

Naira 180,000, wallahi ban yafe ba. Ina da rasit ɗin turawa, da hoton takardar, da saƙonnin muryarsa yana rantsuwa da Allah, zan sa su duka anjima in na huce. Ƴan uwanmu da ke cikin zauren har yanzu ana ce musu su ƙara kuɗin "gyaran hanya".

Duk wanda ya zo muku da bidiyon kogo a Kufena, kada ku ba shi ko sisi. Wanda ya riga ya biya ya ajiye rasit ɗinsa, mu haɗu mu kai ƙara wurin ƴan sanda.