Manhajar da ke aiki a cikin wayarka da wadda ke kai muryarka waje: ina kuɗin yake?

Ɗan'uwa, ka tambaya ko akwai kasuwa idan mutum ya ƙera manhajar rubuta bayanan taro mai ƙirƙirarriyar basira, wadda ba ta buƙatar intanet kuma ba ta fitar da sirrin kowa. Ka ce kana tunanin zuba kuɗinka da lokacinka a ciki. To bari mu jera ta da kishiyarta mu gani.

Kishiyar ita ce irin su Otter da Granola da Notion: ka ɗauki murya ko ka yi rubutu, a tura can kwamfutocin kamfani, su juye maganar zuwa rubutu, su taƙaita, su dawo maka da shi. Kuɗi dai a nan suke, ba na ɓoye maka. A 2025 Otter ya sanar cewa cinikinsa na shekara ya haura dala miliyan 100, Granola kuma ya tara dala miliyan 43 daga masu zuba jari. Dalilin ba ɓoyayye ba ne: duk sa'ar taro da suka rubuta maka akwai abin da suka kashe, don haka suna da hujjar karɓar kuɗi duk wata, kuma mutane sun saba biya.

Taka kuwa, da zarar mutum ya sauke ta, wayarsa ce ke yin aikin. Ba ka kashe ko sisi a kansa, wannan riba ce. Amma da wane baki za ka ce masa ya biya wata-wata? Shi ya sa irin su MacWhisper, manhajar da ke juye murya zuwa rubutu a cikin kwamfutar Mac, suka fi karkata ga biya sau ɗaya. Ka sayar yau, gobe sai ka fita neman sabon mai saye.

Inda taka ta yi wa waccan zarra shi ne amana, kuma ba ƙaramin abu ba ne. A 2023 Samsung ya hana ma'aikatansa amfani da ChatGPT bayan wasu sun liƙa bayanan kamfanin a ciki. A shekarar ne Zoom ya sha suka kan sharuɗɗansa har ya fito ya ce ba zai horar da basirarsa da muryoyin mutane ba. A watan Agustan 2025 aka maka Otter a kotu a Kalifoniya bisa zargin naɗar maganar mutanen da ba su amince ba. Lauyan da ke ganawa da wanda yake karewa, likita da majiyyaci, ɗan jarida da majiyarsa, duk waɗannan suna da dalilin da zai sa su ƙi barin murya ta bar ɗakin. Turai na da dokar kare bayanan mutane ta GDPR tun 2018, mu ma an sa hannu a dokar kare bayanai ta Najeriya a 2023. Waɗannan su ne masu sayenka na gaskiya. Sauran jama'a kowa zai ce maka yana son sirri, amma ka ce ya ciro dubu biyar, sai ka ji shiru.

Abin da ya fi damuna da shirin naka ba Otter ba ne, masu ƙera wayar ne. Tun 2019 manhajar Recorder ta wayoyin Pixel na Google ke juye murya zuwa rubutu ba tare da intanet ba, Apple ma ya saka irin wannan a manhajarsa ta Notes a 2024, duk kyauta. Kuma injin juye murya zuwa rubutu da yawancin ƙananan manhajojin nan suke hawa, wato Whisper, OpenAI ya sake shi kyauta tun Satumban 2022. Duk mai kwamfuta da haƙuri zai iya ɗaura masa riga ya kai kasuwa. Ka tuna Rewind, kamfanin manhajar naɗar abin da ka gani da abin da ka ji, wanda ya fara da alƙawarin ajiye komai a cikin kwamfutarka? A 2024 ya koma Limitless ya karkata ga ajiya a waje, a ƙarshen 2025 Meta ya saye shi.

Misalin da ke ba ni ƙwarin gwiwa shi ne Obsidian, manhajar rubutu da ajiye bayanai. Tun 2020 bayanan mutum suna zaune a na'urarsa, kamfanin bai karɓi kuɗin masu zuba jari ba, ma'aikatansa 'yan kaɗan ne, cikin abin da yake sayarwa akwai haɗa bayananka tsakanin waya da kwamfuta a kulle. Shago ne madaidaici mai kwastomomi na dindindin, ba katafaren kanti ba.

A nan gida lissafin ya ɗan juya. Tsadar data da ɗaukewar sabis sun sa aiki ba intanet ya fi sirri jan hankali. Sai dai wayar fa? Basirar Apple ta cikin waya sai daga iPhone 15 Pro zuwa sama, alhali mafi yawan wayoyin da ke hannunmu ram ɗinsu giga 3 ne ko 4. Na taɓa gwada wata manhaja irin taka a tsohuwar kwamfutata mai giga 8 da muryar taron sa'a ɗaya: fankarta ta yi ta huci, aka ɗauke wuta, batir ya mutu ba ta kai rabi ba. Da na maimaita washegari, Turancin ya fito tsaf, amma duk inda aka juya harshe zuwa Hausa sai ta zuba shirme. Hausa na cikin jerin harsunan Whisper, amma kasonta a sa'o'i 680,000 da aka horar da shi ɗan ƙalilan ne.

Da ni ne kai, ba zan yi wa kowa da kowa ba. Zan nufi ofisoshin lauyoyi da asibitoci masu zaman kansu, in yi ta kwamfuta ba ta waya ba, in karɓi kuɗin shekara na girkawa da kulawa, sannan in sa ƙarfina kan taron da ake gauraya Hausa da Turanci. Kafin ka rubuta layi ɗaya, zagaya ofis goma ka tambaye su nawa za su biya.