Shafin sunayen jarirai na hukumar SSA a Amurka: amfaninsa da inda yake ruɗar mutum

Mai son sanin yadda sunayen da Amurkawa ke raɗa wa 'ya'yansu suka riƙa sauyawa, babu inda zai samu gamsuwa kamar shafin Social Security Administration, wato SSA, hukumar da ke kula da fansho da tallafin tsofaffi da naƙasassu. Kyauta ne, ba ya buƙatar rajista, kuma yana ssa.gov/oact/babynames. Daga takardun neman katin hukumar ake ɗebo alƙaluman. Sun faro daga waɗanda aka haifa a 1880, kuma duk watan Mayu ake ƙara na shekarar da ta gabata.

Aiki da shi ba wuya. A gurbi ɗaya za ka rubuta shekara, ka zaɓi ko sunaye 20 na sama kake so, ko 50, ko 100, ko 500, ko 1,000. A ɗaya gurbin kuma suna za ka rubuta, ya jero maka matsayinsa shekara bayan shekara. Akwai jerin jiha-jiha da na shekaru goma-goma.

Cikin minti kaɗan tarihin zai fito fili. A ɓangaren mata, Mary ce ta riƙe kambu daga 1880 har 1946, Linda ta ƙwace a 1947, Mary ta dawo daga 1953 zuwa 1961. Daga nan sai Lisa, sai Jennifer da ta yi shekara 15 a jere daga 1970 zuwa 1984, sai Jessica da Ashley, sai Emily daga 1996 zuwa 2007. Olivia ta hau a 2019. Na maza ba su cika saurin sauyawa ba: John har 1923, Robert da James suka biyo baya, Michael ya mamaye daga 1954 zuwa 1998 in ban da 1960 da David ya shiga tsakani, Jacob daga 1999 zuwa 2012, Noah na shekara huɗu, sai Liam tun 2017.

Sai dai matsayi kaɗai yana yaudara, kuma nan ne masu amfani da shafin suka fi yin kuskure. Kafin ka danna, ka zaɓi a nuna maka kaso cikin ɗari. A jerin 1880, John na da kusan kashi 8 na maza, Mary kusan kashi 7 na mata. A 1947 an sa wa jarirai mata kusan 100,000 suna Linda, fiye da kashi 5. Liam kuwa a yau bai wuce kashi 1 da ɗoriya ba, Olivia ma ba ta kai kashi 1 ba. Ke nan na ɗaya a yanzu ba shi da ƙarfin na ɗaya a da, domin iyaye sun bazu cikin dubban sunaye. Abin takaici, gurbin neman suna guda ya fi ba matsayi muhimmanci, ba ya kuma zana jadawalin da zai nuna hawa da sauka a kallo ɗaya.

Matsala ta biyu ita ce rubutu. Shafin ba ya haɗa sunan da aka rubuta ta hanyoyi daban-daban. Sophia daban, Sofia daban. Haka Aiden da Aidan da Ayden. Muhammad, Mohammed, Mohamed da Mohammad kowanne da layinsa, don haka duk mai son ainihin ƙarfin sunan sai ya tara adadinsu da hannu. A gefe guda kuma ana cire karan ɗori da tazara, ta yadda Julie-Anne da Julie Anne ke zama suna ɗaya.

Alƙaluman kafin 1937 suna buƙatar taka-tsantsan. Da yawa daga waɗanda aka haifa kafin lokacin ba su taɓa neman kati ba, shi ya sa duk jerin 1880 bai wuce mutum 200,000 da 'yan kai ba, kuma maza sun rinjayi mata a ciki. Ba a kuma tace bayanan: za ka ci karo da Unknown da Baby a matsayin suna, da 'yan maza da aka rubuta Mary saboda kuskuren cike takarda.

Mai bincike na gaske kada ya tsaya kan 1,000 na sama. Akwai kundin da ake saukewa kyauta, kowace shekara da fayil ɗinta, misali yob1880.txt, kuma kowane layi yana ɗauke da suna, jinsi da adadi, kamar Mary,F,7065. Excel yana buɗe shi idan ka nuna masa cewa waƙafi ne ke raba gurabe. Na jihohi ya faro daga 1910. Sunan da bai kai jarirai 5 a shekara ba, ko a jiha idan fayil ɗin jiha ne, ba a saka shi don kare sirrin mutane, saboda haka jimillar jihohi ba za ta taɓa yin daidai da ta ƙasa ba.