Matoshin sinki na dannawa da na saka a banɗaki, ga yadda na same shi

Duk wanda sinkin banɗakinsa yake da irin matoshin nan na da, mai sanda a bayan famfo da ake ja sama ya toshe a danna ƙasa ya buɗe, ya san wahalar da nake magana. Ruwa ya fara tafiya a hankali, ka kama matoshin ka ja ya ƙi fitowa, kai kana ganin ƙazantar a ƙasansa amma hannunka ba ya kaiwa. Irinsa na tarar a gidan da muke haya a unguwar Aboabo a Kumasi, kuma shi na cire na saka na dannawa, wanda ake danna kansa ya toshe a sake dannawa ya buɗe, to tunda mutane biyu uku sun tambaye ni ko ya fi, bari in faɗa gaba ɗaya.

Na farko dai tsohon ba wai ya lalace bane, haka aka yi shi. In ka durƙusa ka leƙa ƙarƙashin sinki za ka ga wata siririyar sanda a kwance ta shiga bututun ta baya, noti ɗaya ke riƙe da ita, kuma a jikinta akwai ɗan ƙwallo da roba da ke hana ruwa fita. Bakin sandar nan ya ratsa wani rami da ke gindin matoshin, shi yasa ko za ka ja har gobe ba zai fito ba. Sai ka ajiye bokiti, ka kwance notin, yawanci da hannu ma yana kwancewa in ya cije ka sa filaya a hankali don wasu na roba ne, ka zaro sandar baya, shikenan matoshin ya taso a hannunka. Abin da ya biyo shi kuwa wallahi ba kyan gani, gashi ne da sabulu da man goge baki sun dunƙule sun yi baƙi ƙirin, ga wari. Tsohon burushin haƙori da omo da ruwan zafi suka gama da shi. Mayarwar ce ke son natsuwa, dole ramin gindin matoshin ya kalli baya wajen bango kafin ka tura sandar, in ba haka ba sandar za ta wuce ta gefe ka ɗaure komai ka miƙe ka ja ka ga ba abin da ya motsa. Notin ma in ka matse da yawa sandar ta yi tauri, in ka sassauta ya riƙa ɗiga. A gida mai mata da yara abin nan ba sau ɗaya za ka yi shi ba, kuma ni gwiwata ba ta son durƙuso.

Shi yasa na shiga Adum, cikin garin Kumasi, wajen masu kayan famfo. Mai shagon dattijo ne, tambayar farko da ya min ita ce, "Ɗana, sinkin naka yana da ramin nan na sama da ruwa ke bi in ya cika?" Nace eh Baba yana da shi. Yace to mai tsaga a jiki za ka ɗauka, in ka ɗauki marar tsaga ramin nan ya zama ado kawai. Wannan magana ku riƙe ta, musamman mu da famfo ke ɗaukewa ya dawo lokacin da ya ga dama, yaro ya buɗe ya ga ba ruwa ya bar shi a buɗe, matoshi kuma a danne, ruwa ya dawo da dare. Girman kuwa na sinkin wanke hannu 32mm ne, inci ɗaya da kwata, na kicin ya fi shi faɗi don haka kar a ba ka shi. Iri biyu ya ɗauko min, duka suna ƙyalli iri ɗaya, amma ɗaya ba nauyi sam, roba ce aka shafa mata ruwan ƙarfe, ɗayan tagulla ne a ciki ka ji shi a hannu. Mai nauyin na ɗauka duk da ya fi tsada.

Sakawar na kira yaron plamba na unguwarmu don sai an kwance tarkon ƙasa, wato bututun da ke ƙarƙashin sinkin, an cire dukkan tsohon, roba ɗaya a sama ɗaya a ƙasa a ɗaure babban noti. Bai jima ba ya gama, na tura masa kuɗinsa ta waya, wato MoMo.

Abin da ya burge ni shine cirewa. Ka danna ya taso, ka murɗa kan ta hagu ya fito a hannunka, ka wanke ka mayar, kana tsaye, ba bokiti ba filaya. Uwargida ma da kanta take yi yanzu in ta wanke kai. Kuma yana riƙe ruwa sosai, in an jiƙa kayan jariri ba ya zurarewa irin na da.

Amma fa yana da nasa. In ka tara ruwa ya yi datti dole ka tsoma hannu ciki ka danna kafin ya tafi, tsohon kuwa daga bayan famfo kake yi hannunka a bushe, ni wannan har yanzu ba ya min daɗi. Sannan sipirin ɗin ciki in sabulu ya taru a kansa sai ya fara cijewa, ka danna ya ƙi tasowa, ruwa na tsaye kana kallonsa. Ya min haka, na cire na wanke na ɗan shafa basilin ya dawo daidai, amma na gane in aka bar shi wata da watanni ba a taɓa ba zai maƙale. Tafiyar ruwan ma ba ta kai yadda na zata ba don ba ya ɗagowa sosai, in kana alwala da famfo a buɗe sosai sai ka ga ruwa ya ɗan taru. Ga yara sun mayar da shi abin wasa, ƙas ƙas ƙas duk wanda ya shiga sai ya danna. Tsohuwar sandar bayan famfo kuma tana nan a tsaye ba ta aikin komai, na bar ta ne don kar ramin ya zauna a buɗe, baƙi sai su yi ta ja.

Wani maƙwabci yace me zai sa in sha wannan wahala, in zuba sodar yin sabulu kawai ta cinye gashin. Dan Allah kar a yi, tana ƙona fata da ido, kuma tana iya ɓata ƙyallin ƙarfen. In naka na da yana aiki kuma ba ka ƙi durƙuso ba, wanke shi kawai ka mayar ka ajiye kuɗinka. In kuma sandar ta yi tsatsa ko notin na ɗiga, sayi na dannawa mai nauyi, ka ɗauki hoton sinkin a waya ka nuna wa mai shago kafin ka biya, kuma in gidan haya ne ka adana tsohon a leda saboda mai gida.